Ni ke tace fim, sunan maigidana ke fita

Assalamu alaikum Malam. Shekarata 29, ina da mata da 'ya guda wadda ba ta cika shekara ba. Shekara huɗu ke nan ina aiki a ƙarƙashin wani babban edita, wanda shi ne ya koya mini tace fim tun daga tushe. Da farko aikina bai wuce kwashe hotuna daga katin kyamara, da haɗa sauti da hoto, da jera kowace fitowa a mazauninta ba. Sannu a hankali ya fara bar mini fitowa ɗaya ko biyu in yanka, har ta kai a fim mai dogon zango da muka kammala kwanan baya, mai kashi 13, ni na tace tara daga farko har ƙarshe, shi kuwa dubawa kawai yake yi ya gyara nan da can. Da shirin ya fita sai na ga sunansa shi kaɗai a matsayin edita, nawa kuwa yana can ƙasa cikin mataimaka. Ban ce masa komai ba, amma abin yana cina a rai.

Yanzu wani gidan talabijin ya yi mini tayin aikin tace labarai da shirye-shirye, da albashi duk wata, kuma sun ba ni mako uku in ba su amsa. Matata tana so in karɓa, domin ta gaji da kwanan da nake yi a wurin aiki da kuɗin da ba a san ranar shigowarsu ba. Da na shaida wa maigidana sai ya ce in ƙara haƙuri, akwai babban fim da ke tafe kuma ni zai ba wa. Wannan ne karo na biyu da ya faɗa mini haka. Burina tun farko shi ne in zama editan fina-finai, kuma ina tsoron idan na koma yankan rahoton minti biyu-biyu hannuna zai mutu, a manta da ni. Ina kuma jin nauyin barin mutumin da ya koya mini sana'a. Me ya kamata in yi?

Daga wani mai karatu.

Wa alaikumus salam, ƙanena. Na karanta wasiƙarka fiye da sau ɗaya, kuma inda na fi tsayawa shi ne wurin da ka ce ba ka ce masa komai ba. Tambayar da ka aiko ta zaɓi ce tsakanin aiki biyu, amma akwai wani ciwo a ƙarƙashinta, wato na sunan da ba a rubuta ba, kuma ina jin tsoron idan ba ka raba abubuwan nan biyu ba, ɓacin rai ne zai yanke maka hukunci alhali kana zaton lissafi ka yi. Saboda haka bari mu fara da ciwon.

Kana da gaskiya da abin ya dame ka, kuma kada ka bari wani ya ce maka son suna ne ko girman kai. A cikin duk masu hannu a fim, edita ne wanda aikinsa ke ɓacewa idan ya yi kyau. Ɗan wasa ana ganin fuskarsa, mai kyamara ana ganin haskensa, amma yankan da ya zauna daidai babu mai kallon da ke lura da shi, sai wanda ya ɓaci ake gani. Don haka layin nan guda da ke wucewa a farko ko a ƙarshen shiri shi ne kusan dukkan shaidar da edita yake da ita a idon duniya. Darakta ya kalli shiri ya ji daɗin tafiyarsa, abin da zai fara yi shi ne ya duba wa ya tace, sannan ya nemi lambarsa. Kashi taran nan da ka yi, a yau ƙofar wani suke kai masu neman edita. Wannan asara ce ta zahiri, wadda za ka iya ji a aljihunka nan da shekara ɗaya ko biyu.

Amma tunda ba shi ya rubuto mini ba, wajibi ne in tsaya masa na ɗan lokaci. Ka ce dubawa kawai yake yi ya gyara nan da can, kuma ina so ka sake auna wannan "nan da can" ɗin da idon mai sana'a. Ka fi ni sanin cewa a fim hoto 24 ne ke wucewa cikin sakan guda, a talabijin ɗin ƙasashe da yawa kuma 25, kuma cire shida daga cikinsu kafin ɗan wasa ya ba da amsa yana iya mayar da mai jinkirin tunani ya koma mai gaggawar ƙarya. Kimanin shekara ɗari da suka wuce wani mai shirya fim mai suna Lev Kuleshov ya nuna a Rasha cewa fuska ɗaya, ba tare da ta sauya ba, mai kallo yana karanta mata ma'ana dabam-dabam gwargwadon hoton da aka liƙa mata. Gyara biyar a cikin kashi guda, idan sun faɗa inda ya dace, suna iya ɗaga aikin mako guda daga mai kyau zuwa wanda ake tunawa da shi. Bayan haka, shi ne ya sa hannu a yarjejeniya, shi ne ke zama da darakta da furodusa idan suka zo da ƙorafi, kuma da shirin ya lalace kansa za a ɗora laifin. Yana yiwuwa ma ba shi ya tsara jerin sunayen ba, domin a mafi yawan lokuta wannan yana hannun furodusa ne.

Duk da haka, uzurin nan bai wanke shi gaba ɗaya ba. A inda aka tsara harkar shirye-shirye masu dogon zango, abin da aka saba shi ne kowane kashi ya ɗauki sunan wanda ya tace shi, shi kuma babba a rubuta shi a matsayin mai kula da tacewa. Akwai kuma matakan tsakiya, kamar a haɗa sunaye biyu a layi ɗaya, ko a rubuta mutum a matsayin ƙarin edita. Tara cikin 13 ta wuce taimako ko ta wace fuska aka duba. Mutumin da ya kai shekarunsa a sana'a ya san da haka, kuma kalma ɗaya daga bakinsa zuwa ga furodusa ta isa a gyara. Ko mantuwa ce, ko sabo da yadda aka yi masa shi ma lokacin ƙuruciyarsa, ko kuma ya ga shirunka ya ɗauka yarda ce, wannan shi kaɗai zai faɗa, kuma ba zai faɗa ba sai an tambaye shi.

Yanzu ga abin da nake ganin ya fi komai muhimmanci a cikin wasiƙarka, kuma ina roƙon ka karanta shi da natsuwa. Fim ɗin da ya yi maka alkawari ba nasa ba ne da zai bayar. Darakta ne ke zaɓen edita, furodusa kuma ya amince ya biya, domin darakta zai shafe makonni ko watanni a ɗaki ɗaya da wannan mutum, yana nuna masa kurakuransa da babu wanda ya gani. A Amurka ma yarjejeniyar ƙungiyar daraktoci ta ba darakta mako goma a manyan fina-finai ya zauna da editansa ya fitar da nasa tsarin kafin masu kuɗi su sa baki. Babu daraktan da ke miƙa irin wannan amana ga wanda bai sani ba don kawai wani ya ce a ba shi. Iyakar abin da maigidanka zai iya yi shi ne ya gabatar da kai, ya tsaya maka, ya ce idan ka gaza a kansa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne, kuma ta haka yawancin editoci suka samu fim ɗinsu na farko. Sai dai gabatarwa aiki ce da ake gani da ido, tana da rana, tana da wanda aka gabatar wa. Idan karo na farko da ya yi alkawari ya wuce ba ka zauna da wani darakta ba, to abin da ka samu a lokacin fatan alheri ne kawai. Ba na cewa yaudararka yake yi. Yana iya kasancewa har zuciyarsa yana nufin abin da ya faɗa, amma kuma ka tuna cewa mataimakin da zai iya tace kashi tara shi kaɗai yana da wuyar samu, kuma ɗan Adam yakan jinkirta abin da zai raba shi da sauƙin da ya saba da shi ko da bai yi niyyar cutar da kowa ba.

Saboda haka mataki na farko shi ne ka nemi zama da shi cikin kwana uku masu zuwa, ku biyu kaɗai, a lokacin da babu aikin gaggawa a gabansa. Kada ka yi ta waya, kada kuma ka aiki wani, domin zuwa da kai ya fi aike. Ka fara da abin da yake gaskiya, wato godiya, sannan ka faɗi damuwarka a fili ba tare da zargi ba. Kana iya cewa: "Maigida, duk abin da na iya a wannan sana'a a hannunka na same shi, kuma ba zan taɓa mantawa ba. Akwai abin da ya tsaya mini a rai tun da shirin nan ya fita, na ga gara in faɗa maka da bakina. Na tace kashi tara, amma sunana bai fito a matsayin edita ba, kuma ina so in san ko akwai hanyar da za a gyara." Daga nan sai ka yi shiru ka bar shi ya yi magana. Gyara kuwa yana yiwuwa sau da yawa fiye da yadda ake zato: idan za a sake haska shirin, ko za a ɗora shi a intanet, sauya allon sunaye aikin 'yan mintuna ne da kai kanka za ka iya yi idan furodusa ya amince. Idan wannan ya gagara, ka roƙi wasiƙa mai sa hannunsa da ke bayyana kashin da ka tace, da izinin nuna wasu fitowa daga ciki ga masu neman ɗaukarka aiki.

Game da fim ɗin da ke tafe kuwa, ka tambaye shi cikin ladabi wane ne darakta da furodusa, kuma ko sun san cewa kai ake nufin ba wa. Ka tambayi yaushe za a fara ɗauka, kuma ko kuɗin aikin sun shigo hannu ko har yanzu ana nema, domin fina-finai da yawa sukan shekara suna tafe ba su iso ba. Ka kuma tambaya ko zai haɗa ka da daraktan kafin wa'adin da gidan talabijin ya ba ka ya cika, a rubuta a takarda cewa kai ne edita, da abin da za a biya ka. Ka gaya masa ranar da za ka ba su amsa, ka kuma ajiye wa kanka kwana goma a matsayin iyaka, don kada ka isa ranar ƙarshe hannu biyu babu komai. Ba sai ka yi masa barazanar tafiya ba. Mutum mai hankali yana jin ranar wa'adi ya san abin da ake nufi.

Sai tsoron da kake yi cewa talabijin zai kashe maka hannu. A nan ina ganin ka ɗora wa aikin laifin da ba nasa ba. Michael Kahn, wanda ya tace yawancin fina-finan Steven Spielberg tun daga 1977 kuma ya ci lambar Oscar sau uku, ya shafe shekaru yana tace wani shirin barkwanci na talabijin a shekarun 1960 kafin a san shi a fim. Thelma Schoonmaker ta tace fim ɗin Martin Scorsese na farko a 1967, amma sharuɗɗan shiga ƙungiyar editoci suka hana ta tace masa manyan fina-finansa har zuwa 1980, kuma da wannan fim ɗin da ta dawo da shi ta ci Oscar ɗinta ta farko cikin uku. Na kawo su ne don ka ga cewa hanyar edita ba kasafai take miƙewa ba, kuma shekarun da aka yi a gefe ba su hana mai gwaninta dawowa.

Ɗakin labarai yana koyar da abubuwan da fim kan ɗauki shekaru bai koyar ba. Wanda aka ba hoton minti arba'in aka ce ya fitar da rahoton minti biyu kafin ƙarfe ta buga, dole ya koyi gane zuciyar labari da kallo ɗaya, ya koyi gina shi a kan sauti kafin hoto, ya kuma daina dogon jinkiri a kan kowane yanka. Editocin da suka fito daga irin wannan horo ba sa firgita idan furodusa ya tsaya a kansu. Abin da labarai ba za su ba ka ba shi ne aiki da wasan kwaikwayo: zaɓen ɗauka ta huɗu maimakon ta bakwai saboda wani motsin ido, barin shiru ya yi tsawo tsakanin mutum biyu, riƙe mai kallo na awa ɗaya da rabi. Walter Murch, ɗaya daga cikin dattawan wannan sana'a, da ya jera abubuwa shida da ake dubawa kafin a yanka, motsin zuciya ya sa a kan gaba, kuma ya ba shi nauyin da ya fi na sauran biyar a haɗe. Wannan ɓangaren ne za ka riƙa ciyarwa da kanka idan ka karɓi aikin. Haɗarin da na fi ji maka ma ba na hannu ba ne, na mutane ne, domin daraktoci suna kiran wanda suke gani, kuma albashi yana da daɗin da kan sa shekara biyu ta zama goma mutum bai ankara ba.

Kada kuma ka ɗauka cewa aikin talabijin hutu ne. Labarai ba su san dare ko ƙarshen mako ba, kuma ranar da babban abu ya faru babu mai duba agogo. Kafin ka sa hannu ka nemi ganin takardar aikin da idonka. Ka tambayi yadda ake juya lokutan aiki da yawan daren da zai faɗo maka a wata. Ka duba ko akwai sharaɗin da ya hana ka yin aikin waje a lokacin hutunka, domin idan akwai shi kuma suka ƙi sassautawa, to lissafin gaba ɗaya ya sauya. Ka tambaya ko gidan yana yin shirye-shiryen bincike masu tsawo ko wasan kwaikwayo, ko kuma akwai damar a riƙa ba ka su bayan ka zauna, saboda shirin bincike makaranta ce babba ga edita, tunda sau da yawa a teburin tacewa ake gano labarin. Ka kuma tambayi ko suna rubuta sunan edita a shirye-shiryensu, don kada ka gudu daga ciwo ka faɗa irinsa.

Matarka kuwa, ina so ka daina jin maganarta kamar ta mai adawa da burinka. Kai kana kwana a gaban kwamfuta kana yin abin da kake so, ita tana kwana da jaririya da tunanin ranar da kuɗi za su shigo, kuma ba a rubuta sunanta a ko'ina ba ita ma. Abin da take nema, in ka saurara da kyau, mai yiwuwa bai wuce ta san lokacin dawowarka da abin da za a dogara da shi a ƙarshen wata ba. Ku zauna tare da takarda da biro. Ka rubuta duk abin da ya shigo hannunka a watanni 12 da suka wuce, ainihin wanda aka biya, ban da wanda ake bin mutane, ka raba shi 12, ka ajiye kusa da albashin da aka yi maka tayi. Ka ƙirga dararen da ba ka kwana a gida ba a wata ukun baya. Sannan ka gaya mata burinka dalla-dalla, yadda ka gaya mini, domin ina zargin ka fi buɗe mini zuciyarka fiye da yadda ka buɗe mata. Macen da aka sa cikin shawara takan jure abin da ba za ta jure ba idan sanarwa kawai aka yi mata.

Ka tambaye ni abin da ya kamata ka yi, kuma ba zan ɓoye maka ra'ayina ba. Idan cikin kwana goman nan maigidanka ya zaunar da kai gaban darakta, aka sa ranar fara aiki, aka rubuta sunanka da haƙƙinka, aka kuma ba ka kafin alƙalami, to wannan dama ce ta gaske wadda ta cancanci a yi mata sadaukarwa, kuma kana iya komawa gidan talabijin ka faɗa musu gaskiya, ka tambaya ko za su jinkirta maka fara aiki ko su riƙa kiranka aikin wucin gadi har ka gama. Wasu gidajen sukan yarda, kuma tambayar ba ta rage ka da komai. Idan kuwa amsar ta sake zama ka yi haƙuri, ka karɓi aikin talabijin ba tare da ka waiwaya ba. Kana da 'ya a hannu, kuma ƙwai a baka ya fi kaza a akurki. Amma ka karɓe shi da wa'adi tsakaninka da matarka: shekara biyu, a cikinsu ku tara abin da zai riƙe gida na wata shida, sannan ku sake zama ku duba ko lokacin komawa fim ya yi.

Nauyin da kake ji na barinsa alama ce ta tarbiyya, amma kada ya ɗaure ka. Ya koya maka sana'a, kai ma ka ba shi shekara huɗu na ƙuruciyarka da dararenka, kuma malamin kirki yana horar da almajiri ne don wata rana ya tsaya da ƙafarsa. Abin da ya rage a kanka shi ne ka fita da kyau. Ka ba shi isasshen lokaci, ka kammala abin da ke hannunka, ka bar kowane aiki a tsare yadda wanda zai gaje ka zai buɗe ya gane ba sai ya kira ka ba, ka tabbatar kowane aiki yana da kwafi fiye da ɗaya a wurare dabam, in da hali ma ka zauna da sabon mataimaki na 'yan kwanaki. Kada ka kwashi hoton kowa a ɓoye don ka yi tallar kanka da shi, domin mallakar furodusa ne, kuma editan da aka taɓa kamawa da fitar da kayan mutane da wuya a sake ba shi amana. Kada kuma ka kai ƙorafinka kafafen sada zumunta ko da abin ya yi zafi. Wannan sana'a 'yan cikinta ba su da yawa, kowa ya san kowa, kuma mutumin da kake jin haushinsa yau shi ne wanda za a buga wa waya gobe a tambaye shi halinka.

Idan ka shiga talabijin, ka sa wa kanka dokar tace gajeren fim ɗaya aƙalla duk wata uku ko huɗu, ko da babu kuɗin kirki a ciki. Ka nemi daraktoci matasa sa'o'inka waɗanda suke farawa, domin editoci da yawa tare da daraktansu suka tashi, kuma wanda ka taimaka wa yana ƙarami shi zai kira ka idan ya samu babban aiki. Kayan aiki ba za su hana ka ba, tunda manhajar tace fim ta DaVinci Resolve tana da nau'in kyauta mai ƙarfin da zai gama fim, ko da yake zai amfane ka ka saba da Avid Media Composer, wanda tun fitowarsa a 1989 ya zama abin da manyan fina-finai da gidajen talabijin da yawa ke aiki da shi, ban da Premiere Pro da ya bazu ko'ina. Idan za ka nuna wa darakta aikinka, ka ba shi cikakkiyar fitowa biyu ko uku ta mutane suna magana, domin tarin gajerun hotuna masu sauri a kan kiɗa ba ya nuna masa ko ka iya riƙe labari. Kuma daga yau, komai ƙanƙantar aiki, komai kusancinka da mai shi, a rubuta yadda sunanka zai fito, da yadda za a raba biyan kuɗi tsakanin farawa da miƙa tsarin farko da rufe hoto, wato amincewa da yankan ƙarshe, da kuma sau nawa za a dawo maka da gyara kafin ya zama sabon ciniki. Ka ga abin da rashin wannan takardar ya jawo maka a kashi tara.

Ka gaishe mini da mai ɗakinka da 'yar jaririya, Allah Ya raya ta. Bayan ka zauna da maigidan naka, ka sake rubuto mini abin da ya ce game da sunanka da kuma ranar da zai haɗa ka da daraktan, tare da abin da ka gani a takardar gidan talabijin kan aikin waje, sai mu ƙara dubawa tare kafin wa'adin ya cika.